Karsanar da Ta Mutu a Bakin Shinge

Karsanar Delbert Kujak ba ta tashi mutuwa ba sai a bakin shingen da ya raba gonarsa da dajin Orrin Hovde, kuma a ɓangaren Orrin. Da safiyar Laraba aka same ta a sandare, karnukan daji sun riga sun yi kalaci da cikinta. Sun ɓata raunin, amma sun bar haƙarƙari guda da aka yanka fes, irin yankan da haƙori ba ya yi sai bakin kibiya. Can gefe kaɗan kuma ga kibiya cake a ƙasa, da zoben fenti ja da rawaya a gindinta. Duk ƙauyen Norby babu wanda bai san mai yi wa kibiyarsa wannan kwalliya ba.

Kafin azahar an gama shari'a a gidan mai da shagon aski. Ai kowa yana wurin a mashaya da bazara, lokacin da Orrin ya buga tebur ya ce in shanun Delbert suka sake tsallako masa daji suka kori barewa, zai rataye kan guda a bango. Baki shi ke yanka wuya. Mutanen Norby kuwa suna iya manta ranar haihuwarka, amma ba sa manta abin da ka faɗa a cikin fushi.

Marlys, ƙanwar Orrin, ita ce mai bin sawu a duk wannan yanki na jihar Wisconsin ta Amurka. In maharbi ya harbi barewa ta gudu da rauni, ita ake kira, ta zo da Otto, wani gajeren kare mai dogon jiki da gemu kamar na tsohon alƙali. Tessmer, jami'ar kula da farauta, ta kira ta ba don tana so ba, sai don babu wani.

"Na san yayanki ne," in ji Tessmer. "Saboda haka ƙafata ƙafarki. Abin da kika gani ni ma in gani."

"In ta tabbata shi ne fa?"

"Kotu. Za a karɓe bakansa, a hana shi farauta shekaru."

 Orrin ya haura saba'in, tun rasuwar matarsa kuma ba shi da abin da ke tashinsa da asuba sai dajin nan. In aka raba shi da baka, to a fara haƙa masa rami kawai.

Amma ba wannan ne ya fi damun Marlys ba. Ta san Orrin ba zai harbi dabbar mutum don mugunta ba, bakinsa ne kawai ya fi ƙarfinsa. Abin da ta sani ita kaɗai shi ne, tun bara take ganinsa yana laluben kofi a kan tebur, yana gaida mutane da sunan wasu. Karsanar kuwa ja ce mai haske, siririyar ƙafa, launinta ɗaya da barewa a cikin hazon asuba. Tsoro ya kama ta sosai.

*

Suka fara da gidan mai dabba. Verna, matar Delbert, ta zaunar da su a kicin ta ɗora kofi. Delbert ya zuba musu da hannun hagu, domin kafaɗarsa ta dama ta ƙi shi tun aikin ciyawa. Mutum ne da bai taɓa yar da ƙusa don ta lanƙwashe ba, idonsa kuma ya yi ja, don da gaske yana son karsanar nan.

"Da hannuna na ciro ta daga cikin uwarta," in ji shi. "Ni na raɗa mata Maple. Sai wani tsohon banza ya zo ya huda mini ita."

"Yaushe rabonka da ita?" in ji Marlys.

"Litinin da yamma. Talata da safe ina garke, ban lura ba."

Verna ta ɗago ta dube shi, ta buɗe baki, sai kuma ta ga wani abu a cikin gwangwanin sukari. Ta sa yatsa ta tsamo wata 'yar mitsitsiyar roba mai launin hoda, zagayayya kamar zoben jariri.

"Yarinyar nan za ta kashe ni," in ji ta. "Tun da aka sa wa jikata wayar gyaran haƙora, robobin wayar nan har a cikin takalmi samunsu nake yi. Ku sha kofinku, ban ga wata a ciki ba."

"Wa ke farauta a gonarka bana?" in ji Tessmer.

"Baƙo ɗaya ne, wani Pruitt daga Chicago. Ku bar ɓata lokaci a kansa. Kibiyar wa aka gani?"

*

Orrin yana zaune a bakin ƙofarsa yana wasa kan kibiya a dutse. Shi har yau kan kibiya irin na da yake amfani da shi, ƙarfe guda mai baki biyu wanda ba ya naɗewa ba ya buɗewa.

"Yaya, ina kake ranar Talata da safe?" in ji Marlys.

"Inda nake."

"Ba ni ce ke tambaya ba, hukuma ce."

"To hukuma ta je ta tambayi Delbert yaushe zai gyara shingensa."

"Kibiyarka fa?" in ji Tessmer.

"Na fi shekara hamsin ina ɓatar da kibau a dajin nan. In kika tona ƙasa za ki cika mota."

Marlys ta tsuguna a gabansa, ta sassauta murya. "Faɗa mini inda kake kawai. Kalma ɗaya."

Ya kawar da kai. A gabanta ya miƙa hannu zai ajiye dutsen a kan benci, ya kuskure gefen, dutsen ya faɗi ƙasa. Ta yi kamar ba ta gani ba.

*

Washegari da sassafe suka koma bakin shinge, raɓa ta daskare a kan ganye. Marlys ta fara kai Otto wurin kibiyar. Ya shinshina ta sama da ƙasa, ya yi atishawa, ya juya mata baya.

"Babu jini a jikinta," in ji Marlys.

"Wannan ba ta wanke shi ba," in ji Tessmer. "Maharbi ba ya fita da kibiya ɗaya."

Gaskiya ta faɗa, Marlys ma ta san haka. Ta sa wa Otto doguwar igiyarsa, ta nuna masa jinin, suka kama sawu da baya, daga inda dabbar ta faɗi zuwa inda ta fito. Aiki ne na haƙuri. Ɗigon jini a kan ganye yana da ɗan wutsiya da ke nuna inda dabba ta dosa, kofato kuma yana faɗin ko tafiya take yi ko gudu. Nan ta tsaya ta yi tangaɗi, can ta goga jikinta a jikin bishiya.

Sawun ya miƙe sak zuwa gindin bishiyar da Orrin ya ɗaura kujerarsa ta farauta.  A ƙarƙashin kujerar jini ya taru da yawa, Tessmer har ta fara ɗaukar hoto.

Otto kuwa bai tsaya ba. Ya ja igiya, ya zagaya bishiyar, ya ci gaba da hawan tudu.

"Hutawa ta yi a nan," in ji Marlys. "Da rauninta ta iso. Ba a nan aka harbe ta ba."

Suka bi shi ta inda wayar shinge ta zube, suka shiga ƙasar Delbert, suka kutsa cikin wani surƙuƙin ƙaya a bakin rafi. A nan ƙasa ta tone inda karsanar ta zabura, ga jan gashi a warwatse, daga nan kuma babu sauran jini. Bayan wurin ruwa ne mai zurfi da laka. Kibiyar da ta ratsa ta tana can ƙasan lakar, babu mai sake ganinta.

Marlys ta tsaya a inda dabbar ta tsaya, ta ɗaga kai. Can bisa tudu akwai tsani jingine da wata babbar bishiya, da kujera a samansa. Ta hau, ta zauna, ta duba. Daga kujerar ba a ganin cikin surƙuƙin ko kaɗan. Hanyar barewa tana can hannun dama, a fili, inda kowane maharbi zai auna. Surƙuƙin yana hagu, nesa da ita.

"Wanda ya yi harbin nan bai ga karsanar ba," in ji ta. "Abu ya auna a can, kibiya ta tafi nan."

"Wane irin kuskure ne haka? Ko makaho..." Tessmer ta haɗiye sauran.

Marlys tana saukowa ta ga wani abu maƙale a tsagin katakon da ake taka ƙafa. Ta ciro shi da farce, ta ɗora a tafin hannu. 'Yar roba ce a tsinke, ƙanƙanuwa, mai launin hoda. Ta daɗe tana kallonta. Sannan ta zauna a matakin tsanin, ta sauke numfashin da ta riƙe tun jiya.

*

Duk da haka sai da suka je wurin baƙon, domin da suka tambayi Delbert ya ce Pruitt ne ke hawa wannan kujera. Suka same shi a masaukinsa cikin kayan farauta sababbi fil, har da takardar kanti a hannun riga. Da ya ji maganar kotu sai ya baje musu kayansa duka a kan gado. Kawunan kibiyarsa masu buɗewa ne, na tsada, amma irin waɗanda ƙarfe ke riƙe wuƙaƙensu, babu roba a jiki. Kibansa kuma cif suke, ko ɗaya bai harba ba.

"Da yamma kawai nake hawa," in ji shi. "Da asuba sanyi ya yi mini yawa. Kuma don Allah, shanun nan suna cizo? Rannan wata ta biyo ni har mota."

A waje Tessmer ta ce, "Wannan ko bango aka ba shi ba zai samu ba." Suka wuce shagon Lyle mai sayar da kayan baka.

Lyle mutum ne da in ka tambaye shi ƙarfe nawa zai ba ka tarihin agogo. Marlys ta ajiye robar a kan kanta, ta ce ya yi musu bayani kamar ba su san komai ba. Ya ɗauko kan kibiya mai buɗewa, siriri kamar alƙalami, ya nuna musu wuƙaƙe biyu da ke kwance a jikinsa, da baƙar roba da ta ɗaure su.

"A naɗe yake tashi, shi ya sa yake tafiya sak. Sai ya taɓa fata robar ta tsinke, wuƙaƙen su buɗe. To a ina ake samun robar? Inda dabba ta tsaya. Ku a ina kuka samu?"

"A kan kujerar maharbi."

Lyle ya cire tabarau. "To tun a bakin baka ya buɗe. Kibiya mai buɗaɗɗun wuƙaƙe kuwa fiffike ta yi, inda iska ta ga dama can za ta. Shi ya sa nake ta fama da mutane. Kan kibiya ba a zaɓensa don kyau ko don araha, da ƙarfin bakanka ake zaɓensa. Baka mai kunama, irin da ake saɓawa a kafaɗa kamar bindiga, fizgarsa ta ninka ta bakan hannu. Ka sa masa kan kibiyar bakan hannu, ka kuma ɗaure da wannan abin wasan, a cikin sanyin nan? Wannan ma ba daga shagona ta fito ba. Nawa baƙaƙe ne."

"Su wa suka sayi baka mai kunama bana?" in ji Tessmer.

"Duk wanda kafaɗarsa ta gaji. Rabin tsofaffin garin nan."

"Wa ya saya bai sayi kawunansa ba?" in ji Marlys.

Lyle ya buɗe baki, ya rufe. Karo na farko ke nan da aka ga magana ta maƙale masa.

*

Ranar Juma'a da yamma duk Norby tana mashaya cin soyayyen kifi, kamar kowace Juma'a tun kafin a haifi Marlys. Da ƙyar ta jawo Orrin. Suna shiga hira ta mutu, kujerun da ke kusa da teburinsu suka zama babu kowa. Delbert da Verna suna can gefen taga, Pruitt yana kusa da ƙofa yana fama da ƙayar kifi, Lyle kuma yana kallon silin.

Marlys ta tashi ta je teburin Delbert, Tessmer na biye da ita. Ba ta ɗaga murya ba, amma a ɗakin da ya yi tsit ba a bukatar haka.

"Verna, ko kin san wannan?" Ta ajiye robar a kan farin faranti.

"Ta haƙoran jikata ce mana. A ina kuma kika tsinto ta?"

"A kan kujerar bishiyar da ke saman rafi. Delbert, da me kake ɗaure kawunan kibiyarka?"

Delbert ya ajiye cokali. "Roba ai roba ce. Lyle yana sayar da 'yan ƙwaya kaɗan kamar zinariya, ga su nan a gidana har a cikin sukari. Wannan me ya haɗa shi da Maple?"

"Ranar Talata da asuba kana garke?"

"Na ce miki ina garke."

"Wane garken?" in ji Verna. "Ni kaɗai na yi tatsa ranar Talata. Tun a kicin na so in faɗa. Ka fita da sabon bakan nan naka, ka dawo kana huci, ka ce kada in tambaye ka."

Jini ya taru a fuskar Delbert. Shekara da shekaru yana cika baki a wannan ɗaki cewa bai taɓa harbi ya kuskure ba, yanzu ga shi dole ya faɗa a gaban kowa.

"To na ji. Na harbi wani namijin barewa mai manyan ƙaho, na kuskure. Kibiyar ta yi wani irin fito, ta karkace ta faɗa ƙaya. Shi ke nan. Kuskure laifi ne?"

"Ta karkace hagu," in ji Marlys a hankali. "Cikin surƙuƙin bakin rafi."

"Hagu, e. Ya aka yi kika..."

Bai ƙarasa ba. Ta ga lokacin da abin ya iso masa, ya fara daga ido ya sauka har hannuwansa da suka kama gefen tebur. Marlys ta zo ne da shirin jin daɗi, amma sai tausayinsa ya kama ta.

"Tana ciki," in ji shi. "Maple tana cikin ƙayar."

"Ba ka gan ta ba. Babu mai iya ganinta daga can. Ta gudu ta inda shinge ya zube, ta je ta faɗi a wurin Orrin."

Ana zaton wuta a maƙera, sai ga ta a masaƙa. Mutanen da suka yanke wa Orrin hukunci a shagon aski duk suka sunkuya suna neman wani abu a cikin farantansu. Tessmer ta ce tunda dabbarsa ce, a ƙasarsa, kuma ba da gangan ba, ita ba ta da sauran aiki a nan, sai dai a kawo mata kifi.

Delbert ya miƙe, ya taka har gaban Orrin, ya cire hula. Kowa ya san abin da wannan tafiya ta ci masa.

"Orrin, na ci mutuncinka a garin nan. Ban da bakin magana."

Orrin ya daɗe yana taunar kifinsa. Sannan ya sa hannu a aljihun riga, ya ciro kan kibiyar da yake wasawa rannan, naɗe a cikin fata, ya tura masa a kan tebur.

"Riƙe wannan, marowaci. Ba ya bukatar haƙorin kowa." Ya kurɓi abin shansa. "Gobe da safe ina zuwa da waya da guduma. In na jira ka gyara shingen nan, sai mun mutu."

Wani ya yi dariya a can baya, sai ɗakin duka ya ɗauka, irin dariyar mutanen da aka sauke wa kaya. Verna ta jawo kujerarta zuwa teburin Orrin, sauran kujerun ma suka dawo da kaɗan-kaɗan.

*

Marlys ce ta mai da shi gida, Otto yana barci a tsakaninsu. Rana ba ta gama faɗuwa ba, gonakin masara da aka girbe sun yi ja. Jikinta ya yi sakayau kamar wadda ta tashi daga zazzaɓi.

"Ta ƙarƙashin kujerata kika fara bi," in ji Orrin.

"Sawu ne ya bi ta can."

"Amma kin zata ni ne."

Ba ta musa ba. "Na ga yadda kake laluben kofi, Yaya."

Suka wuce gadar rafi.

"Bana ko sau ɗaya ban ja tsirkiya a kan dabba ba," in ji shi. "Hawa nake yi in zauna kawai. Abin da ban gani sosai ba, ba na harbinsa. Ranar Talata kuwa ina birni wurin likitan ido. Da in faɗi haka a gaban mutanen Norby, gara su ce na kashe saniya."

Ta taka birki a gefen hanya, ta juyo ta dube shi. "Me likitan ya ce?"

"Ya ce yanar ido ce. Wai kankare ta ake yi, mutum ya koma gani kamar yaro." Ya shafa kan Otto, yana kallon waje ta taga. "Sai dai sun ce ba a zuwa ba tare da wanda zai tuƙo ka gida ba."

Marlys ta goge idonta da bayan hannu, ta tada mota.

"Tsohon banza," in ji ta. "Wace rana ce?"